Asabar Ɗin da Zulaihat Ta Zaɓa

"Ni fa ban gane ba, Zulai. Mi ya sa sai Asabar ɗin nan?"

Nu'uman na jingine da motarsa a ƙofar gidansu Zulaihat da ke Ƙofar Marusa, ba a daɗe da idar da la'asar ba. Ta gyara mayafi ta kau da kai.

"Haba masoyi, biraidal shawa ce fa kawai! Ƙawaye su taru, su ba amarya kyauta, a ci a sha a ɗauki hoto. Makon biki ya cika, ga kamu, ga sa lalle..."

"Larabar makon fa? Ba a sa komai ranar ba."

"Ƙawata Fadila ta riga ta kama hol ɗin taro."

"Sai ta sake shi. Inna Hajo ba za ta iso ba sai makon biki, ke ma kin sani." Ya dube ta da kyau, ya rage murya. "Ko dai... dalilin ke nan?"

"Nu'uman!"

"Tambaya na yi, sahibata."

Ta juya fuuu ta shige gida ko sallama babu. Wai ita fushi! Ina fa fushi, kunya ce ta rufe ta tun daga kai har ƙafa, don mutumin nan ya taɓo daidai wurin.

Inna Hajo ita ta haifi Zulaihat. Bafulatana ce, tana rugarsu can wajen Kaita. Da mahaifin Zulaihat ya rasu tana ƙarama, sai yayarsa Hajiya Kubura ta ɗauke ta ta riƙe a birni, ita take kira Mama. Duk ƙawayenta na jami'a sun ɗauka Mama ce ta haife ta, ita kuma ba ta taɓa gyara musu ba.

Akwai ma ranar da Fadila, babbar aminiyarta, ta tarar da Inna zaune a tsakar gida da ƙwarya, ta ce, "Lah, mai nonon gidanku ce?" Zulaihat ta yi kamar wayarta take dubawa. Inna kuwa murmushi kawai ta yi.

Wani abin takaicin, shigar Fulani Fadila ta tsara za a yi a wajen liyafar. Kowa da farar riga mai ado, da duwatsun tsakiya a wuya, da ƙwaryar haya a ka. Fulanin hoto za su cika hol, ita kuma Bafulatanar gaske an zaɓi ranar da ba ta gari.

Ranar Alhamis da hantsi Zulaihat na ɗaki tana gwada rigarta, sai ta jiyo sallama. Ko cikin barci ta san muryar nan.

"Maraba, maraba! Hajo, ke ce tafe ba sanarwa?" in ji Mama.

"Ni ce, Yaya. Mun same ku lafiya? Ya gida, ya hidima?"

"Lafiya lau. Ya mutanen ruga? Ya dabbobi?"

"Sun gode Allah."

Zulaihat ta leƙa ta gefen labule. Inna na kwance wani ƙullin zani a kan tabarma. Ƙore ne, manya da ƙanana, farare tas, an yi musu zane har baki, kowace da faifanta.

"Da kika ce mini a waya ƙawayen yarinyar nan za su yi shigarmu, sai na ce ina amfanin su ɗauki na haya? Waɗannan tun tana goye nake tara mata. Ga su, su yi hotonsu da su."

Yarinyar nan. Haka take ce mata kullum. Zulaihat ce 'yar fari, Bafulatana kuwa ba ta kama sunan 'yar farinta, ba ta ma yi mata magana kai tsaye a gaban mutane.

"To ai sai ki zauna a yi da ke," in ji Mama. "Jibi ne fa."

"A'a, Yaya. Yau zan koma."

"Don Allah ki bari!"

"Yaya..." Inna ta yi 'yar dariya tana shafa bakin wata ƙwarya. "Yarinyar nan tana da hankali. Ta duba da kyau kafin ta zaɓi ranarta. Kada in zo in ɓata mata shiri."

Wayyo Allah! Ashe ta sani. Ashe tun ranar da Fadila ta kira ta mai nono ta sani, ta haɗiye, ta kuma ɗauko ƙorenta ta shigo mota ta kawo.

Zulaihat ba ta san lokacin da ta fito ba. Ta zube a gaban tabarmar da rigar Fulaninta ta tela, hawaye na zuba.

"Inna... Inna, don girman Allah ki yafe mini. Ki zauna."

Inna ba ta dube ta ba. Ta ja mayafi ta rufe gefen fuska.

"Yaya, ki ce mata ta tashi, za ta ɓata farar riga. Ni ban riƙe kowa ba. Saniyata ce ta kusa haihuwa, ban bar wa kowa ita ba."

Ko ruwan da aka kawo mata ba ta shanye ba ta tafi.

Zulaihat ta daɗe durƙushe. Mama ba ta rarrashe ta ba, cewa kawai ta yi, "Ni na riƙe ki, amma ban taɓa ce miki ki sayar da ita ki saye ni ba." Ta shige kicin abinta.

Zulaihat ta ɗauki waya ta kira Fadila.

"A ɗaga taron nan zuwa Larabar biki. Kuma a gida za a yi."

"Ke! Kin haukace ne? Hol fa? Mai kwalliya fa? Kowa ya shirya!"

"Fadila, kin tuna matar da kika ce mai nonon gidanmu ce?"

"Eh, mi ya faru?"

"Ita ta haife ni."

Fadila ta saki salati.

"Innalillahi... Zulai! Kika bar ni na faɗi haka a gabanta? Da wane ido zan kalle ta?"

"Da irin wanda ni ma zan kalle ta."

Da yamma Nu'uman ya zo. Ta kasa haɗa ido da shi.

"Gaskiyarka ne, masoyi. Dalilin ke nan. Ina jin kunyarka."

"Ni ba ni za ki ji wa ba, abar ƙaunata. Ranar da na je gaishe da Inna, ta rako ni har bakin hanya, ba ta roƙe ni komai ba sai in riƙa barin ki kina zuwa wajen Mama. Ko kanta ba ta sa a ciki ba." Ya sauke numfashi. "Ni zan je in ɗauko ta da kaina."

Ranar Laraba tsakar gidan ya cika da 'yan mata. Wasu sun yi fushi ba su zo ba, ba wanda ya bi ta kansu. Fadila ce ta fara zuwa ta durƙusa har ƙasa ta gaishe da Inna, wadda ta rakuɓe can bakin ɗakin Mama kamar baƙuwa.

Mai hoto ta ce amarya ta ɗora ƙwarya. Zulaihat ta ɗauki babbar ta aza a ka, ta sulɓe. Ta sake azawa, ta karkace. 'Yan mata suka kwashe da dariya.

Ta rungume ƙwaryar, ta ratsa su har gaban Inna. Ta ɗaga murya yadda kowa zai ji.

"Ku tsaya da hoton. Wannan ita ce mahaifiyata, ita ta haife ni. Ƙoren nan duka nata ne."

Inna ta sunkuyar da kai. Can sai ta miƙe, ta kwance ɗan ƙyallen da ke ɗaure a ƙugunta, ta naɗe shi gammo, ta ɗora a kan Zulaihat, ta aza ƙwaryar. Nan take ƙwaryar ta zauna daram.

"Yaya," ta ce, ba ta juyo ba, "ɗiyarki ko ɗaukar ƙwarya ba ta iya ba."

"A'a, Hajo," in ji Mama tana share ido. "Ɗiyarki dai."

Ƙwaryar ta riga ta zauna, ba ta bukatar riƙo. Amma Inna ba ta sauke hannunta ba. Ta gyara gammon, ta sake gyarawa, yatsunta na taɓa goshin Zulaihat.

A hankali, yadda ba wanda zai ji sai su biyu, ta ce, "Ɗaga kanki. Ba a ɗaukar ƙwarya da kai a sunkuye."