Tasalla da Tunkun Kaka

A can wani zamani an yi wata yarinya mai suna Tasalla, tana zaune da kakarta. Kakar tana da wani ɗan tunku, ƙaramar dabbar daji, da ta raina tun yana jariri. In an dafa kaza sai ta ce, "A fara ba ɗan autana." In an soya kifi sai ta ce, "A fara ba ɗan autana." Tasalla kuwa sai ta haɗe rai, ta koma gefe tana harararsa.

Ran nan Kaka ta tafi rafi. Tunku ya wawuri wuyan kaza, ƙashi ya maƙale masa a maƙogwaro. Ya shiga kakari yana birgima, numfashi ya gagara.

Tasalla ta tsaya tana kallo. A ranta ta ce, "In ya mutu, ni kaɗai Kaka za ta so." Ta juya za ta fita, sai ta ji kakarin ya fara yin ƙasa. 

Ta dawo da gudu, ta ɗaga shi, ta sunkuyar da kansa ƙasa, ta bubbuga tsakanin kafaɗunsa. Ta bubbuga, ta sake bubbugawa. Ƙashi ya faɗo! Tunku ya ja numfashi, a firgice ya gantsara mata cizo a yatsa.

Da Kaka ta dawo ta ga jini, ta ce, "Subhanallahi! Wa ya ji miki ciwo, 'yar nan?"

Tasalla ta ce, "Kada ki dake shi, Kaka. Tsoro ya ji."