Tafiya da Baya

Fitowa ɗaya ta rage in kammala fim ɗin, kuma da asuba mai kyamara zai karɓi abinsa. Finafinan tsoro biyu na yi a Abidjan, ni ke ɗauka ni ke shiryawa, duk dariya aka yi musu. In wannan ma ya faɗi, shagon tayar Baba a Adjamé ne makomata.

Ruwa ya cika mahaɗar titunan Indénié, ma'aikatana duk sun maƙale a can. Ni kaɗai nake a wani lungu na unguwar Biafra ta nan Abidjan, ina ta kiran Iklima, mai fitowa a matsayin aljanar fim ɗin, wayar ba ta shiga.

Can sai ga ta a bakin lungun cikin farin mayafi. Ana yayyafi, amma mayafin a bushe yake. Karnukan unguwar suka yi tsit. Ban tsaya tunani ba.

"Iklima, don Allah, vit-vit, yi sauri!" na ce. "Kin san dabararmu. Ki yi tafiya da baya kina kallona. A montaj, wajen haɗa fim ɗin, zan juya hoton, a ga kina tahowa kamar ba mutum ba."

Na kunna kyamara. Maimakon ta yi nisa, sai matsowa take yi.

"Da baya na ce! So kike ki kashe ni?"

"Ai da baya nake tafiya," ta ce, muryar kamar daga cikin tulu.

Na karkata kyamarar ƙasa. Fuskarta ni take kallo. Dugaduganta ma ni suke kallo.