Ƙarya a Ƙarƙashin Barandar Su Mila

Ruwan wankin kifi ne ya haɗa su, kuma a kan idona aka yi, don teburin suyata yana tsallaken titi, daidai ƙofar gidan.

Ƙarfe goma na safe Crisanto ya iso kamar kullum, lemarsa ruwan ɗorawa a ɗage, baƙi sun biyo shi suna share gumi. Aikinsa ke nan, zagayawa da baƙi a ƙafa cikin tsohon garin Malabo, daga babban coci har gangaren tashar jiragen ruwa, yana ba su labari da Sifaniyanci. Yawancinsu tsofaffin Turawa ne da aka haifa a nan, sun dawo neman gidajen iyayensu. Baki kuwa Allah ya ba shi.

Ya tsaya ƙarƙashin gidan katakon nan mai shuɗiyar baranda, ya sassauta murya.

"Wannan gida wani Bature mai gonar koko ne ya gina wa kukunsa, wata kyakkyawar yarinya da yake ɓoyewa. Da Turawa suka tashi, ya shiga jirgi ya bar ta da jariri. Kullum da yamma sai ta fito barandar nan tana kallon teku, har baƙin ciki ya kashe ta."

Wata tsohuwa ta fara matse hawaye. Sai muka ji shaaa daga sama! Lema ta tare rabi, rabi ya sauka a wuyan rigarsa.

Milagrosa ce a baranda da roba a hannu, jikar gidan, wadda muke kira Mila. Kwananta uku da dawowa daga garin Bata, inda ta yi karatun jinya.

"Bawan Allah," ta ce, "matar da ka kashe tana ciki tana shan shayi. In kira ta su gaisa da baƙinka?"

Baƙi suka bushe da dariya. Shi kuwa ya tsaya, ɓawon kifi maƙale a girarsa. Ban taɓa ganin bakinsa ya mutu ba sai ranar. Kuma ba ruwan yake kallo ba, ni na san abin da yake kallo.

Da la'asar ya dawo da abarba guda biyu, ya zauna a bencina ya yi ta jira, har ta sauko sayen soyayyiyar ayaba.

"Na zo ba da haƙuri," ya ce. "Ba ni na ƙirƙira ba. Haka na tarar duk masu lema, masu zagayawa da baƙi irina, suna faɗa."

"Kuma ba wanda ya taɓa ƙwanƙwasa ƙofa ya tambaya?"

Ya sunkuyar da kai.

"Kakana Fructuoso ne ya gina gidan nan da hannunsa, kafinta ne," in ji ta. "Jaririn da kake faɗa babana ne. Shekara tara ke nan a wurin aiki ana kiransa ɗan Bature. Kaka Restituta kunnenta ya yi nauyi, shi ya sa muke iya ɓoye mata. Ranar da ta ji, ban san abin da zai faru ba."

"Daga yau ba zan ƙara ba. Na rantse."

"Rantsuwar maƙaryaci!" Ta harare shi, amma ta ɗauki abarbar.

Ya cika alkawari, a bakin gaskiya. Idan ya zo ƙofar gidan sai ya wuce da baƙinsa shiru, ya ɗan karkata lema ya saci kallon sama. Ita kuma sai ga ta tana shanya, ko da kayan sun bushe tun jiya. Lambarta a wurina ya samu, ba zan ɓoye ba. Saƙonninsu duk na gani, don Mila ba ta rufe mini komai.

"Gimbiyar baranda, yau na wuce da mutum goma sha huɗu. Wani ya tambaye ni abin da ya fi kyau a garin nan, na nuna masa coci. Ƙaryata ta ƙarshe ke nan."

"Maƙaryacina, ka sha ruwa, rana ta yi zafi. Kuma ka daina tafiya da baya kana kallon sama, za ka faɗa kwata."

"In na faɗa, wa zai yi jinyata?"

"Akwai tsofaffin nas-nas masu babbar allura. Zan haɗa ka da su."

Ranar hutunta yakan zagaya da ita ita kaɗai, ya nuna mata titunan da aka haife ta a cikinsu. Kome ya faɗa sai ta ce, "Wa ya gaya maka?" Har tambayar ta kama shi, ya koma bin tsofaffin unguwa da littafi a hannu. Wata shida suna haka, kowa a layin ya san sun mutu a kan juna.

Sai ya turo kawunsa da kwalaben gaisuwar neman aure wurin mahaifinta, Don Eleuterio. Kwalaben ba su kwana a gidan ba.

"Mai lema?" Muryarsa har teburina. "Wanda yake sayar da mutuncin uwata ga Turawa kullum? Milagrosa, in namiji ya ƙare a tsibirin nan, ki zauna haka nan!"

"Baba, ya daina fa."

"Ya daina, sai aka yi yaya? Ya goge abin da ya faɗa?"

Kamar hakan bai isa ba, sai Diosdado ya sa hannu. Shi ma mai lema ne, ya taɓa neman Mila ta ce masa a'a. Ya tura wa Don Eleuterio wani bidiyo: ga Crisanto a ƙarƙashin baranda yana kashe Kaka Restituta da murya mai taushi. A ƙasa ya rubuta wai jiya aka ɗauka.

Mila ta tura wa Crisanto saƙo guda ɗaya: "Na yarda da kai a gaban babana, ka mayar da ni sakarya. Kada ka ƙara kirana."

Kwana huɗu ba a yi shanya a baranda ba. Crisanto ya rame, har sunayen tituna yake rikitawa. Rana ta biyar na tare ta na ce ta nuna mini bidiyon nan. Ina kallo na buga tsaki.

"Ke, buɗe idonki! Wane tebur ne wancan a bayansa? Ba tsohon teburina ba ne da mota ta take tun kafin Kirsimeti? Ke kina Bata lokacin!"

Ta toshe baki, hawaye suka zubo. Nan take ta rubuta: "Ka yafe mini, masoyina. Zo ka ci kifi, ni zan saya."

Uban dai bai motsa ba. "Tsoho ko sabo, duk ɗaya," ya ce. "Shi ya yi shiru, sauran masu lema shida suna nan suna yi." Kuma gaskiyarsa ce. Kullum sai wata lema ta tsaya a ƙofar.

"Roƙonsu ba zai yi ba," Crisanto ya ce wa Mila a bencina. "Na san mutanena. Mu masu lema ɓarayin juna ne. Duk labarin da ya sa baƙo ya ce kai, kafin sati kowa ya sace shi. Ba a kashe labari da shiru, sai an kawo wanda ya fi shi daɗi. Ki kai ni wurin Kaka."

"Ka haukace? Ba ta san komai ba!"

Amma ta kai shi, ranar da uban yake wurin aiki. Ya durƙusa gaban tsohuwar, ya ɗaga murya zai fara kame-kame, ta ɗaga masa hannu.

"Kai ne na ƙarfe goma ko? Ka fi sauran iya kashe ni. Na ƙarfe huɗun nan sauri yake yi."

Mila ta kusa faɗuwa. "Kaka! Dama kina ji?"

"Tagata a kan titi take, 'yar nan. Na ga kuna wahalar ɓoyewa ne, na ƙyale ku." Ta yi dariya, sannan dariyar ta ɗauke. "Mutuwar ba ta dame ni ba, tana tafe dama. Abin da yake ci mini rai, shekara tara ba wanda ya ambaci Fructuoso. Mutumin da ya yi shekara uku yana ɗauko katako a ka bayan ya tashi daga aiki. Ubana ya ce ba zai ba ɗan haya 'yarsa ba, shi ya sa ya gina. Ba shi da halin sayen ƙusa, sai ya sassaƙa kowane katako ya shige cikin ɗan'uwansa. Je ka duba, in ka sami ƙusa ɗaya a ginshiƙan nan, ka zo ka gaya mini."

"To tsayuwar baranda fa, Kaka?"

"Teku nake kallo? Ina ruwana da teku! Farin zane nake shanyawa, ya hango daga tasha ya san abinci ya nuna."

Washegari ƙarfe goma Crisanto ya tsaya a ƙofar. Don Eleuterio, da wani ya tsegunta masa, ya ƙi fita aiki, ya tsaya bayan ƙyaure da sanda a hannu. Ina hango ƙafarsa daga teburina.

"Wannan gida," in ji Crisanto, "na daɗe ina yi masa ƙarya. Yau zan gaya muku gaskiya. Wani kafinta ne ya gina shi, sunansa Fructuoso, don a ba shi yarinyar da yake so. Ku matso, ku shafa ginshiƙan nan. Duk wanda ya samo ƙusa ɗaya, ya karɓi lemata."

Turawa suka duƙufa suna lalube kamar masu neman ɗan kunne. Ba ƙusa. Ya ba su labarin shekara ukun da farin zanen, sannan ya nuna sama. Sai ga Kaka Restituta ta fito baranda, Mila na riƙe da ita, ta ɗaga musu hannu. Kai, ranar na ga tafi! Wani tsoho ya cire hularsa. Sandar da ke bayan ƙyaure kuwa ba ta fito ba, uban ma bai fito ba.

Aka yi sati uku haka. Ran nan Don Eleuterio yana sayen kifi a wurina, sai ga Diosdado da baƙinsa, ƙarfe huɗu. Ya tsaya, ya buga ƙirji: "Wannan gidan Fructuoso ne, kafintan da ba a taɓa yin irinsa ba! Shekara bakwai yana gini!" Ɓarawon har ya ƙara huɗu daga aljihunsa.

Don Eleuterio ya tsaya da kifi a hannu, bakinsa yana motsi. Ya goge ido da bayan hannu.

"Uku ne," ya ce a hankali. Ya juyo gare ni. "Ki ce wa yaron nan kawunsa ya dawo da kwalabensa."

A babban coci aka ɗaura auren, ranar Asabar. Ba wanda ya shiga mota, a ƙafa muka rako su gida, ni kuma tun asuba nake kan farfesun kifi. Kaka ta yi rawa a zaune har ɗankwalinta ya zame. Da aka natsa, Don Eleuterio ya miƙe, ya kamo hannun 'yarsa ya sa a cikin na angon, ya riƙe su duka biyun ya ƙi saki.

"Shekara tara ana kirana ɗan wani," ya ce. "Kai ka dawo mini da ubana. Ba ni da abin da ya kai wannan sai ita, ga ta nan. Allah ya ba ku zaman lafiya, ya ba ku 'ya'yan da za su san sunan kakanninsu."

Muka ce amin, kowa yana jan hanci. Mila ta kifa kai a kafaɗar mijinta tana kuka, shi ma kukan yake yi, ko kunyar mutane bai ji ba.