Ranar da Auta Ta Narkar da Takobin Yaya

Akwai wata yarinya 'yar aji biyar, a gida Auta ake ce mata. Auta ba ta iya zama wuri ɗaya. Idan ta hau kujera, ƙafarta na rawa. Idan aka aike ta, kafin a gama faɗar saƙon ta kai bakin ƙofa. Mama kan ce ko shayi Auta ba ta bari ya huce.

Yayanta yana da wani wasan bidiyo da yake ji da shi. A cikin wasan, wani jarumi ne ke yawo a daji da kogo yana yaƙar dodanni. Jarumin yana da takobi ɗaya da aka ba shi tun farkon wasa. Yaya ya sa wa takobin suna Tsohuwa. Wata huɗu ya yi yana tara duwatsun ƙarfi yana kai wa maƙerin da ke cikin wasan. Maƙeri yana ƙara wa takobin ƙarfi, har Tsohuwa ta kai mataki na tara.

Sai wata rana Yaya ya faɗi a filin ƙwallo, ya karye a hannun dama. Aka naɗe hannun da filasta, likita ya ce sai bayan mako shida za a cire.

Yaya ya dubi rimot ɗin wasa, ya dubi hannunsa. Sannan ya dubi Auta.

"Zo nan," in ji shi. "Daga yau ke ce hannuna. Ni zan faɗa, ke ki latsa."

Haka suka yi ta yi kullum bayan sun gama aikin gida. Yaya na zaune a kan kujera, Auta na kan darduma, rimot a hannunta.

"Koma hagu. Tsaya. Na ce tsaya, Auta, ba tsalle ba."

"Ai yatsana ne ya yi, ba ni ba."

"To ki gaya wa yatsan naki ya dinga jin magana."

Ranar Asabar suka kayar da babban dodon kan dutse, bayan ya kashe su sau goma sha ɗaya. Dodon ya faɗi, ya bar makaminsa. Wani ƙaton gatari ne mai walƙiya, sunansa Gatarin Aradu. Auta ta yi ta zagaya ɗaki don murna.

"Yaya, mu jefar da Tsohuwa mu riƙe wannan."

"Ko kusa," in ji Yaya. "Ranar Laraba za a cire mini filasta. Abu na farko da zan riƙe da hannuna, Tsohuwa ce. Mako shida ina kallonta a hannun wani."

Laraba ta zo. Bayan an tashi daga makaranta, Baba ya ɗauki Yaya zuwa asibiti. Yaya ya tsaya a bakin ƙofa ya juyo.

"Ki yi yawonki a cikin wasan in kina so. Amma kada ki shiga wurin maƙeri sai na dawo."

"To, Yaya."

Auta ta kunna wasa. Ta yi yawo a daji, ta gaji. Ta buɗe jakar jarumi, ta kalli gatarin. Ta rufe. Ta sake buɗewa. Ta je kicin ta sha ruwa, ta dawo, gatarin na nan yana walƙiya. Ta kasa zaune, ta kasa tsaye.

Sai wata dabara ta faɗo mata. Idan gatarin yana da kyau haka a mataki na ɗaya, ina ga ya kai na tara? Yaya zai dawo ya tarar da abin mamaki. Zai ce ba a taɓa yin ƙanwa irinta ba.

Ta kai jarumi wurin maƙeri. Amma babu duwatsun ƙarfi a jaka, duk an zuba wa Tsohuwa. Can ƙasa ta ga wani zaɓi: a narkar da makami, a karɓi duwatsunsa.

Ta zaɓi Tsohuwa. Wani dogon rubutu ya fito a allo. Auta ba ta karanta ba. Ita dai ta ga "I" da "A'a", ta latsa "I". Wani rubutun ya sake fitowa, ta sake latsawa.

Wuta ta tashi a maƙera. Tsohuwa ta narke. Duwatsu suka shiga jaka, amma rabin waɗanda Yaya ya zuba ne kawai.

"Ba komai," in ji Auta. "Rabi ma ya isa."

Ta miƙa wa maƙeri gatarin. Maƙeri ya girgiza kai. Ta sake latsawa, ya sake girgizawa. Sau biyar tana yi. Sai a lokacin ta tsaya ta karanta abin da yake faɗa.

"Makamin babban dodo ba ya karɓar duwatsun ƙarfi. Ba a sake masa siffa, ba a ƙara masa wuta ko ƙanƙara. Ɓawon dodo kaɗai ke ɗaga shi, shi kuwa sai a ƙarshen tafiya ake samu."

Auta ta kashe wasan, ta kunna, ko zai koma baya. Bai koma ba. Wannan wasan yana ajiye duk abin da aka yi nan take. Ta buɗe jaka. Wurin Tsohuwa wayam.

Da yamma Yaya ya dawo yana ɗaga hannu, hannun ya rame, ya yi fari-fari. Yana ta dariya.

"Likita ya ce in huta da shi har Asabar," in ji shi. "Kwana uku kawai. Ki gaya wa Tsohuwa ina tafe."

Auta ta yi murmushin dole. Abincin yamma ma wasa kawai ta yi da cokali.

"Lafiya dai, Auta?" in ji Mama. "Yau ba ki cika mana kunne ba."

"Lafiya lau, Mama."

Washegari a makaranta abin ya ci gaba da cin ta. Ta fiƙe fensir har ya zama guntu. Ta nemi izinin fita sau biyu. Da aka tashi tara, Malama ta ce ta tsaya.

"Yau jikinki na nan, hankalinki na wani wuri. Me ya faru?"

Auta ta sunkuyar da kai. Can sai maganar ta kwararo, da dodo, da gatari, da maƙeri, duk a cakuɗe. Malama ta saurara har ƙarshe.

"Ni ban san wasan nan ba," in ji Malama. "Amma bari in tambaye ki. Kafin takobin ya narke, ba a gargaɗe ki ba?"

"An rubuta wani abu, Malama."

"Me aka rubuta?"

"Ban karanta ba."

"Yayanki kuma me ya ce kafin ya fita?"

Hawaye ya cika wa Auta ido.

"Alheri na so in yi masa, Malama."

"Na yarda. Amma da kayansa kika yi, ba ki tambaye shi ba. Yanzu saura abu ɗaya a hannunki. Ko ya ji daga bakinki yau, ko ya gani da idonsa ranar Asabar. Wanne kike ganin zai fi yi masa ciwo?"

Duk hanyar gida Auta tana shirya magana tana warwarewa. Ta ce ko ta ce wasan ne ya lalace da kansa. Ta ce ko ta ɓoye rimot a bayan firij. Duk dabarar da ta kawo, sai ta ji kunya ta kama ta.

Ta tarar da Mama tana guga a ɗaki. Ta faɗa mata komai.

Mama ta ajiye dutsen guga. "Takobin cikin talabijin ne ya hana ki cin abinci?"

"Mama, wata huɗu ya yi yana gyara shi."

"To, ba ƙaramin abu ba ne ke nan. Je ki same shi. Ba zan yi miki faɗa ba, ba kuma zan faɗa masa a madadinki ba. Ina nan dai."

Yaya na zaune a bakin gado yana matsa wata ƙaramar ƙwallo da likita ya ba shi don motsa yatsu. Auta ta tsaya a bakin ƙofa, ƙafa ɗaya ciki, ɗaya waje.

"Yaya, na shiga wurin maƙeri."

Ya daina matsa ƙwallon.

"Na narkar da Tsohuwa. Na so in ƙara wa gatarin ƙarfi, sai maƙeri ya ƙi. Ka yi haƙuri."

Yaya bai yi ihu ba. Da ma ya yi, da ya fi mata sauƙi. Ya tashi, ya kunna wasan da hannun hagu, ya buɗe jaka. Ya daɗe yana kallon wurin da babu komai.

"Na san gatarin ba ya karɓar duwatsu," in ji shi a hankali. "Da kin tambaye ni, da kalma ɗaya ta isa."

Ya kashe wasan, ya fita tsakar gida. Ranar bai ƙara yi mata magana ba. Auta ta yi kuka sosai, don ba ta taɓa ganin ransa ya ɓaci haka ba.

Da Baba ya ji labari, sai ya tara su su biyu.

"Tsohon takobin zai dawo?" ya tambayi Yaya.

"A'a, Baba. Sai dai a ɗauki wani sabo a fara daga ƙasa. Duwatsun da suka rage za su kai shi mataki na biyar. Sauran sai an tono a kogo, ɗaya bayan ɗaya. Aiki ne mai gundura."

Baba ya juya wajen Auta. "Kin ji. Me kika gani?"

"Ni zan tono, Baba. Da lokacin wasana."

Yaya ya harare ta. "Ke? Ko minti biyar ba za ki yi ba."

"Zan yi."

Gaskiya, ta sha wuya. A kogon babu dodo mai ban tsoro, babu walƙiya. Sai sara dutse, a ɗauka, a koma. Ƙafarta na rawa, zuciyarta na cewa ta gudu daji ta yi yawo. Amma ta daure. Duk rubutun da ya fito a allo kuwa, sai ta karanta shi da ƙarfi tun daga farko har ƙarshe, har Mama ta ce gidan ya koma aji.

A mako na farko Yaya wucewa kawai yake yi. A na biyu ya fara tsayawa a bayanta. Wata rana ya ce, "Akwai duwatsu uku a bayan wancan ruwan." Daɗi ya kama Auta.

Ranar Asabar ta mako na uku, maƙeri ya buga guduma, sabon takobi ya hau mataki na tara. Auta ta miƙa wa Yaya rimot da hannu biyu.

Yaya ya karɓa da hannun dama. Ya juya takobin, ya sari iska sau biyu.

"Ba Tsohuwa ba ce," in ji shi.

"Na sani, Yaya."

"Amma wannan, rabinsa guminki ne." Ya matsa gefe a kan kujera. "Taso daga ƙasa ki zauna nan. Gatarin kuma mu bar shi yadda yake har mu samo ɓawon dodo. In mun samo, ke za ki kai wa maƙeri."

Auta ta hau kujera kusa da yayanta, bakinta ya ƙi rufuwa.

Daga ranar ta gane cewa kyakkyawar niyya ba ta isa ba. Kafin ka taɓa kayan wani, ka tambaye shi. Kafin ka latsa, ka karanta. Idan kuma ka yi kuskure, ka faɗa da bakinka, sannan ka tsaya ka gyara.