Sai Buba Ya Dawo

Alƙali ya ajiye biro ya dubi Ummulkhairi, ya ce ta faɗa da bakinta: ta janye ƙarar gonar nan har abada, ko a rubuta tana da damar dawowa?



A bencin baya ga Muzammil, masoyinta na shekara uku, ya sunkuyar da kai kusa da mahaifinsa Alhaji Balarabe, mutumin da take ƙara. Tun rasuwar babanta Alhaji yake ɗan matso da iyakar gonarsu ta Yako duk damina, har ya haɗiye kusan rabi, kuma ko a jikinsa. Shaidarta ɗaya ce tak, Buba, makiyayin da ya shekara ashirin yana zaunar da shanunsa a gonar bayan girbi don taki. Ya san iyakar kamar tafin hannunsa. Sai dai ya yi kudu da garkensa, ba waya, ba mai ganinsa sai ruwa ya sauka. In aka ci gaba yau, faɗuwa za ta yi.

Jiya da la'asar Muzammil ya kawo mata saƙon Alhaji: ta yafe gonar gaba ɗaya a ɗaura aure bayan Sallah, in ta ƙi kowa ya kama gabansa.

"Farin cikina, ƙasa ce fa kawai..." ya ce.

"Ita ke ciyar da Inna, Muzammil."

Tana son sa, son da ke hana ta cin abinci. Yau kuma ga ta a kotu, ta fuskanci alƙali.

"Allah ya gafarta Malam, na janye... amma a rubuta zan dawo in shaidata ya iso."

Alhaji ya miƙe ya kaɗe babbar riga ya fice. Muzammil ya bi shi bai waiwayo ba.

Bayan kwana biyu aka aiko karɓar kayan sa rana. 'Yan mata masu son Muzammil kuwa abin nema ya samu, Safara'u ɗiyar ƙanwar Alhaji har ta fara zuwa gidan su Muzammil da girki. Wata huɗu Ummulkhairi tana ramewa, ko saƙon gaisuwa babu.

Ranar ruwan shuka babur ya tsaya a ƙofar gida. Muzammil ne, duk laka, ya yi baƙi ya rame, ga tsoho Buba a bayansa riƙe da sanda. Ashe ruga-ruga ya bi, tun daga Doguwa har bayan daji.

"Ga shaidarki, je ki mayar da ƙararki."

"Alhaji fa?"

"Ya ce kar na ƙara taka gidansa. Kawu Mamman zai nema mini aurenki." Ya share fuska. "Ba ni da gona yanzu, Ummu... za ki aure ni haka?"

Ta gyaɗa kai tana kuka.

Ran Juma'a aka ɗaura. Ran Litinin ya kai ta kotu da kansa, ya zauna a bencin bayanta yana kallon mahaifinsa.