Gwangwanaye Shida na Hawaja Manoli

Da hantsin Talata aka kawo ƙara caji ofis. Hawaja Manoli, Bagirken da ke da wata tsohuwar silima kusa da tashar jiragen ruwan Iskandariya ta ƙasar Masar, ya ce an sace masa fim.

Sufeto Wadi Girgis ya same shi a ɗakin ajiya yana share gumi da hula. Fim ne marar magana, na 1929, wanda kowa ya ɗauka ya ƙone tuntuni. Watan jiya aka tsinto shi a bayan wani kabad, gwangwani bakwai, kuma ranar Juma'a za a nuna shi bayan shekara talatin. Yanzu shida sun ɓace.

"Labarin mene ne a ciki?" in ji Sufeto.

Manoli ya ce matar masunci ce da ta faɗa teku saboda baƙin ciki. Sai kuma ya ce ko dai mijin ne ya faɗa. Shi kansa bai kalle shi ba tun yana saurayi.

Sufeto ya duba kwaɗon ƙofar. Lafiyarsa ƙalau, ba a ɓalle shi ba.

Mukulli biyu ne, ɗaya na Manoli, ɗaya na Usta Darwish mai haska majigi. Darwish tsoho ne. Ya rantse mukullinsa bai taɓa barin aljihunsa ba. Game da labarin kuwa, ya ce babu wanda ya faɗa teku, makancewa matar ta yi.

"Na bakwan fa, me ya sa ɓarawon ya bar shi?"

"Yana kan teburina, ranka ya daɗe. Zaren fim ɗin ne ya tsinke, nake liƙa shi."

Sufeto ya fito kansa a ɗaure. Fim ɗin da ba mai saye, ba mai tuna shi daidai, wa zai yi dakon nauyinsa? A bakin titi wani mai keken doki ya ce jiya da la'asar ya ɗauki Sitt Nargis daga ƙofar bayan silimar da buhu mai nauyi, ya kai ta bakin teku, ta dawo hannu wofi.

Sitt Nargis Hilmi ita ce tauraruwar fim ɗin. Duk unguwar ta san ta, masu gidan gahawa ma ba sa karɓar kuɗinta. Ta tarbi Sufeto a falonta da gahawa, ta ce tsofaffin tufafi ta kai wa 'ya'yan masunta. Ya tambaye ta ƙarshen labarin, ta ce aure aka yi, kowa ya yi farin ciki.

Abin ya ƙara dagule masa. Mace za ta halaka fim ɗin da zai dawo mata da sunanta? Ya koma wurin Darwish ya matsa masa. Tsohon ya fashe da kuka, ya ce shi ya ba ta mukullin. Cewa ta yi tana so ta taɓa gwangwanayen kawai, shi kuma shekara goma sha biyar bai taɓa iya ce mata a'a ba.

Sufeto bai san abin da yake nema ba, amma ya sa a haska na bakwan, ya aika a zo da ita.

Su uku suka zauna a zauren, shi da ita da Manoli, Sajensa na tsaye a bakin ƙofa, Darwish na sama wurin injin. Hoton ya yi ta rawa, sannan wata doguwar mace ta bayyana tana ɗinkin komar kamun kifi. Ta ɗago ta yi dariya, wushiryarta ta fito fili.

Sufeto ya juya ya dubi ta kusa da shi. Gajera ce, haƙoranta a jere suke, ba tazara.

"Sitt, wace ce wannan?"

Ba ta ɗauke ido daga majigin ba. "Yayata ce, Nargis. Zazzaɓi ya kashe ta a Beirut, shekara biyu bayan wannan. Ni Zakiyya ce. Ni na ɗinka rigar nan da ke jikinta."

Ta ce da ta dawo Iskandariya ba ta da kowa. Ta shiga wani gidan gahawa da mayafin yayarta, wani ya kira sunan, mutane suka miƙe tsaye. Ba a taɓa miƙe mata ba. Ta yi niyyar gyara musu washegari, ba ta yi ba.

"Shidan suna ina?"

"Ƙarƙashin ruwa, bayan ganuwar tasha. Ban ko buɗe su ba. Na ji tsoron ganin fuskarta."

Manoli ya kama kai. Daga sama injin ya tsaya.

Saje ya ciro littafinsa ya dubi Sufeto, ya tambaya wane suna zai rubuta. Ita ce ta amsa, ta faɗa masa sunanta na gaskiya harafi bayan harafi.

Da suka fito da ita, mai gasa masara a bakin ƙofa ya miƙe ya dafa ƙirji. "Barka da rana, Sitt Nargis."

Ta ɗaga masa hannu, sannan ta shiga motar 'yan sanda.