Kalmar Kalman

Sau uku Mindel ta karanta wasiƙar, sau ukun kuma a kan kalma ɗaya numfashinta yake tsayawa.

Tsure.

A matattakalar hawa na huɗu take zaune. Yammacin Jumma'a ne, ƙamshin kifin hutun Asabar na fitowa daga kowace ƙofa. Ta miƙa wa Zlata takardar.

"Karanta min... ƙila idona ne."

Zlata ƙawarta ce. Shekara uku kekunansu na ɗinki suna jere a shagon riguna na titin Orchard. Ta karɓa, ta gyara zama. Yidish ne, yarensu na gida, amma da haruffan Turanci Kalman ya rubuta, don ya san tana 'yar shekara huɗu aka sauko da Mindel daga jirgin ruwa a New York, ba ta iya karanta rubutun iyayenta ba.

"Mindele. Tun ranar da na fara ganinki ban ƙara sanin komai ba sai tsure ɗinki. In na hau keke, tsure. In na buɗe littafin addu'a, tsure. Ta hana ni ci, ta hana ni barci, jiya har allura ta huda min yatsa saboda ita. Mamata ta ce in tafi Cleveland wurin kawuna ko na samu sauƙi. Jirgin ƙasa na ƙarfe goma ne ran Lahadi. Sauran magana tana hannunki."

Mindel ta rufe ido.

Wa zai gaya mata ma'anar wannan kalma? A cikinta ta girma. A gidansu in masifa ɗaya ce tsure ce, in sun taru su zama tsuris. Haƙori ya yi ciwo, tsuris. Miya ta ƙone, tsuris. Ɗa ya mutu a hanyar teku, ita ma tsuris, sai dai a faɗe ta a hankali. Kullum mamarta Brayne na cewa ƙananan yara ƙananan tsuris, manyan yara manyan tsuris. Kalmar ta ma fita titi ta shiga Turanci, har ɗan sandan unguwa da Salvatore mai lemo sun iya ta.

Yau ga ta an liƙa mata ita a goshi, da hannun wanda take so.

"Zlata," ta ce da wata murya kamar ba tata ba, "babanki Litvak ne, ɗan yankin su Kalman, kin san bakinsu. Ko tana da wata ma'ana a wurinsu?"

Zlata ta ninke takardar.

"Ƙawata, masifa ai masifa ce a kowane gari."

"Amma ya ce min Mindele..."

"Wanda zai yanka kaza ma sai ya shafa ta. Ke dai ki duba, tun da kuka haɗu wane daɗi ya ji? Uwarsa ba ta masa magana, taki ba ta amsa gaisuwarsa. Ya gaji ne, kunya ta hana shi faɗa baki da baki."

Gaskiya ne, ba su ji daɗi ba.

Shekara ɗaya da rabi kenan da zuwan Kalman daga garin Kovno, dogo, siriri, mai jin kunya kamar sabuwar amarya. Ranar farko da ya yi mata Yidish ta yi dariya har da riƙe ciki, don a bakin mutanensu kowace kalma karkacewa take. Tun daga nan ya rantse Turanci kawai zai riƙa yi da ita, ita kuma ta zama malamarsa. A kan gadar Williamsburg ta koya masa sunan ruwa da sama da tsuntsu. A can ya ba ta 'yan kunnen kakarsa, ya ce, "Malama, ga kuɗin makaranta."

Sai iyaye suka haɗu, komai ya lalace a kan faranti ɗaya.

Rashe, mamar Kalman, ta ɗanɗana kifin Brayne ta ajiye cokali.

"Baiwar Allah, wannan kifi ne ko alewa?"

"A Galitsiya sukari muke sa wa," in ji Brayne. "Mu ba ma zuba wa baƙo barkono. Mun bar wa masu busasshiyar zuciya."

"Da ma an ce ɗan Galitsiya zaƙin baki gare shi, sai dai ka riƙe aljihunka."

Daga ranar ba a ƙara zama tebur ɗaya ba.

Mindel ta zare 'yan kunnen. Ta yagi gefen takardar, ta rubuta layi ɗaya da irin haruffansa, hawaye na ɗiga a kai.

"Na ji. Daga yau ba za ka ƙara ganin tsure ɗina ba, har abada."

"Ki kai masa tasha," ta ce. "In na je da kaina zan roƙe shi, kuma ba na so ya zauna don tausayi."

Zlata ta rungume ta.

"Kin yi daidai, ƙawata."

Ran Lahadi Mindel ta hau rufin bene da kwandon wanki. Tana shanya zanen gado agogon unguwa ya buga goma. Ta ƙirga bugun ɗaya bayan ɗaya, a na ƙarshe ta cusa fuskarta cikin jiƙaƙƙen zanen don kada maƙwabta su ji.

Sanyi ya zo ya wuce.

Ta rame har zoben yatsarta ya fara zamewa. Brayne kan ajiye mata miya ta tsaya a kanta.

"Ci, 'yar nan. A kan ɗan Litvak za ki kashe min kanki? Mutanen da ko kuka sai sun yi lissafi kafin su yi?"

"Mame, don Allah."

"Na yi shiru. Ni da ma an haife ni ne don tsuris."

A shago kuwa Zlata ta fara sabon abu. Duk Litinin sai ta fita da wata ambulan a jaka, in an tambaya ta ce wa gwaggonta take rubutawa. Bayan Idin Ƙetarewa ta nemi a mayar da kekenta can bakin taga, wai haske ya yi mata kaɗan. Sati biyu a tsakani labari ya cika unguwa: Kalman zai dawo, Zlata zai aura. Rashe na yawo a kasuwa tana cewa ko ba komai rabin yarinyar nasu ne, kuma ta san inda ake ajiye barkono.

Ran Talata aka kafa rumfar aure. Mindel ba ta je ba, amma titi ɗaya ne tsakani. Ta ji goge, ta ji lokacin da ango ya taka kofi ya fashe bisa al'ada, ta ji guɗa.

Ba ta yi kuka ba. Ta gaya wa kanta cewa ya huta da masifa, shi kenan.

Ran Alhamis Brayne ta aike ta titin Hester sayen kifi. Mai kifin da suka saba ba ta fito ba, sai ta tsaya gaban wata tsohuwa mai jan kallabi, wadda daga jin bakinta ka san 'yar Litvak ce. Tsohuwar na naɗe kifi a jarida ta ɗago ta dube ta.

"Kai, yarinya. Wa ya ɓata miki wannan kyakkyawar tsure haka?"

Mindel ta tsaya cak.

"Kyakkyawar... me, Kaka?"

"Tsure mana." Ta kai hannunta mai sanyi ta shafi kumatunta. "Wannan. Irin wannan tsure da kuka ba su dace ba."

"A gidanmu tsure masifa ce."

Tsohuwar ta kwashe da dariya har tana dafa teburi.

"Ashe 'yar masu sukari ce! Ku ai kun murɗe wa kowace kalma wuya. Masifa tsore ce, 'yar nan, buɗe bakinki da kyau, tso-re. Tsure kuwa fuska. A rubutun kakanninmu ko makaho ba zai haɗa su ba, harafi guda ne ya raba su. Me ya faru? Ke, ga kifinki!"

Mindel ba ta san yadda ta hau hawa huɗu ba. Ta zaro wasiƙar daga ƙarƙashin katifa, ta karanta a tsaye.

Ban ƙara sanin komai ba sai fuskarki.

In na hau keke, fuskarki. In na buɗe littafin addu'a, fuskarki.

Ta hana ni ci...

Sai ta tuna abin da ta rubuta masa, ta karanta shi da kunnensa. Da wasiƙar a hannunta ta nufi gidan Rashe.

Gidan Rashe cike yake da baƙi, don kwana bakwai na walima bai ƙare ba. A bakin ƙofar titi ta tarar da Kalman yana shigar da kujerun aro. Ya ƙara ramewa. Da ya gan ta kujerar ta kuɓuce masa.

"Mindele..."

"Kalman, tambaya ɗaya. Kada ka yi min Turanci yau, yi min bakinku, ba zan yi dariya ba." Ta nuna fuskarta. "Mece ce wannan?"

Ya dube ta da mamaki.

"Tsure."

"In mutum ya shiga bala'i fa?"

"Tsore. Me ya kawo..."

"A bakinmu bala'in ne tsure."

Ta ga lokacin da maganar ta isa zuciyarsa. Ya jingina da bango.

"Kina nufin... kin ɗauka na ce..."

"Na ɗauka ka ce na zame maka masifa. Na rubuta maka cewa na ɗauke maka ita."

"Ni kuma na karanta ba zan ƙara ganin fuskarki ba." Muryarsa ta karye. "Mindele, ko tikiti ban saya ba. Jakar da na je da ita babu komai a ciki, riga ɗaya ce. Tun ƙarfe takwas nake tsaye ina kallon ƙofa, ina cewa yanzu za ta shigo ta ce min kai wawa ne, mu je gida. Sai da Zlata ta miƙo min 'yan kunnen sannan na je na saya."

Mindel ta toshe bakinta da hannu.

"Me ya hana ka rubuta da Turanci? Na koya maka sunan fuska. A kan gada na koya maka."

"Turancina bai kai inda zuciyata ta kai ba."

Motsi suka ji a bayansu. Zlata ce a kan matattakala, kanta ɗaure da sabon kallabin matan aure, faranti a hannunta.

"Kin sani," in ji Mindel.

"Na ce miki masifa masifa ce a kowane gari. Ƙarya na yi?"

"Zlata," Kalman ya faɗa a hankali, "ke kika karanta mata?"

Idon Zlata ya ciko.

"Shekara ɗaya da rabi ina zaune kusa da ita, kullum ka shigo shago sai ka tsallake ni da ido. Ni ba ni da fuska ne? Sau ɗaya Allah Ya sa abu a hannuna, sau ɗaya tak... ban ƙara ko harafi ba, shiru kawai na yi."

Daga sama ana jin Rashe na kiran amarya ta kawo barkono.

Kalman ya matso, hannunsa na neman na Mindel.

"Zan je wurin malamin majami'a yau ɗin nan. Akwai takardar saki, akwai..."

Ta ja da baya. Duk jikinta so yake ta bar shi ya ƙarasa. Amma ta dubi Zlata, amaryar kwana biyu, ta hango ta tana tafiya a titin Hester ana nuna ta da baki har ta tsufa. Ta hango kanta a ƙarƙashin rumfar da aka kafa a kan wannan.

"Kofin da ka taka ran Talata, ka taɓa ganin an haɗa irinsa?"

"Mindele, zuciyata..."

"Kada ka ƙara kirana haka. Kana da mata." Ta ninke wasiƙar ta sa a ƙirjinta. "Wannan tawa ce, ba zan mayar ba. Yau na fara karanta ta, kuma zan karanta ta har in mutu. Tawa takardar tana wurinka?"

Ya taɓa aljihun rigarsa, wajen zuciya.

"To ka riƙe. Da bakinmu na rubuta ta." Ta dube shi. "Daga yau ka karanta ta da bakinku."

Ta ja mayafinta ta juya. Ta ji ya kira sunanta sau ɗaya, sau biyu. Ba ta waiwaya ba, don ta san in ya ƙara ganin fuskar nan ko sau ɗaya, gida biyu ne za su rushe.

A kwanar titi Salvatore na jera lemo a kan amalankensa. Ya ga idonta, ya ajiye abin da yake yi, ya zaɓi mafi girma ya miƙa mata.

"Tsuris, 'yammata?" ya tambaya da karyayyen Turancinsa.

Mindel ta karɓi lemon da hannu biyu. Ta so ta yi masa murmushi, hawayen da ta riƙe tun ran Talata suka riga ta.

"A'a, Salvatore," ta ce. "Ashe fuska ce."